Kada a yi gaggawar wanke PS4

Tambaya: Ina da PlayStation 4 a Samaru. Tun da aka ɗauke wuta ina tsakiyar wasa, sai ta riƙa cijewa. Wani mai gyara a Sabon Gari ya ce a wanke ta gaba ɗaya. In yarda?

Amsa: Ƙanena, kada ka yarda tukuna. Ɗauke wuta yayin da na'ura ke adana wasa yakan hargitsa tsarin ajiyarta ne, sau da yawa bayanan suna nan lafiya. Wankewa kuwa na share komai, har kakar wasannin FIFA da ka sha wahalar ginawa, kuma ba ya dawowa. Don haka fara kwafe ajiyarka a filas daga sashen saiti. Sannan ka kashe na'urar, ka danne maɓallin kunnawa kamar daƙiƙa 7 har ka ji ƙara ta biyu, ka jona mata abin bugawa da wayarsa, ka ɗauki zaɓi na 5 a jerin da zai bayyana. Wannan yana sake jera bayanai ba tare da taɓa ajiya ba. Na 6 da na 7 su ne masu sharewa, ka kiyaye su.

Mai gyara zai ce wankewa ta fi sauri, kuma wani lokaci da gaskiyarsa, musamman idan za ka sayar da ita. Amma idan faifan ciki ne ya lalace, wankewa ba za ta warkar da shi ba, sai an sauya. In ta kama dole, ka tafi Sabon Gari da filas ɗinka a aljihu.