Filin Shawarwari: Masararmu ta yi fumfuna, Baba ya ce wutar tuwo za ta kashe cutar

Ni manomi ne a Taba, ƙaramar hukumar Kudan. Bana ruwan ƙarshen damina ya doki masararmu tana shanye a ƙasa, muka yi gaggawar ɗurawa a buhu. Da na kwance buhu uku sai na tarar ta yi kore-kore, tana warin rima. Baba ya ce a wanke a sake shanyawa, ai wutar tuwo ba ta barin cuta. Wadda ta fi lalacewa kuma a ba kaji, ko a kai kasuwar Makarfi. Hankalina bai kwanta ba, amma ba na son yi masa musu. Ina mafita?

Wani manomi, Taba.

Amsa:

Koren da ka gani halitta ce mai rai, wadda masana ke kira Aspergillus flavus. Tana zaune cikin ƙasa, tana son ɗumi da danshi, kuma tana zuba wa masara da gyaɗa wata guba mai suna aflatoksin. Gaskiyar Baba ce, wuta na kashe fumfuna, sai dai gubar tana nan bayan tuwo ya nuna. Hanta take ci a hankali har ta kai ga sankara, musamman ga mai ciwon hanta nau'in B.

An gano gubar ne bayan talotalo kusan 100,000 sun mutu a Ingila a 1960 saboda abincin da aka haɗa da gyaɗa. A 2004 gurɓatacciyar masara ta kashe mutum 125 a Kenya. Kaji ma gubar tana kashe su, saniya kuwa takan fitar da ita a nononta.

Buhun da fumfuna ta game, a ƙone ko a binne. Sauran a tsince duk ƙwayar da ta canja launi ko ta fashe, a shanya a kan tamfol. Don gane ta bushe, zuba kaɗan a busasshiyar kwalba tare da busasshen gishiri ka girgiza. In gishirin ya manne a jikin kwalbar, da sauran danshi. Buhu kuma a ɗora shi kan katako, nesa da bango.

Baɗi ka nemi Aflasafe, wanda cibiyar IITA ta Ibadan ta samar. Dawa ce da aka shafa wa irin fumfunar da ba ta yin guba, sai ta riga muguwar kama gona. Ana watsa kilo 10 a hekta, mako 2 zuwa 3 kafin masara ta yi fure.

Baba kuwa, kada ka tare shi a gaban mutane. Same shi bayan isha, ka karanta masa wannan, ko ka gayyato malamin gona su tattauna. Ka tuna masa jikokinsa ne za su fara cin tuwon. Abin da ba za ku ci a gida ba, kada ku kai wa ɗan wani a kasuwa.