Amsoshin Tambayoyinku: Wane ne Djibo Bakary?

Tambaya: Wani mai karatu daga Damagaram yana cewa, dattawa na yawan ambaton Djibo Bakary a matsayin wanda ya fara neman 'yancin Nijar. To me ya sa ba shi ya karɓi mulki a 1960 ba?

Amsa: Malam, dattawan nan ba su yi ƙarya ba. An haifi Djibo Bakary a 1922 a Soudouré, kusa da Yamai. Malamin makaranta ne da ya yi karatu a William Ponty ta Senegal, kuma da shi aka gina jam'iyyar PPN tare da ɗan'uwansa Diori Hamani. Sun raba gari ne a farkon shekarun 1950, lokacin da uwar jam'iyyar, RDA, ta yanke hulɗa da 'yan kwaminis na Faransa ta koma lallaɓa Turawan mulki. Djibo, mai ra'ayin gurguzu, ya ƙi bi. Ya rungumi ƙungiyoyin ƙwadago, ya kafa UDN a 1954, wadda daga bisani ta rikiɗe ta zama Sawaba.

Ƙarfinsa na wajen talakawan gari: direbobi, 'yan kamasho, teloli, masu dako, musamman a Damagaram da Maraɗi. A tasha da bakin kasuwa ake tallar Sawaba. Da su ya zama magajin garin Yamai a 1956, ya kuma jagoranci gwamnatin cikin gida a 1957.

Inda gizo ke saƙar shi ne ranar 28 ga Satumba, 1958. Janar de Gaulle ya ba ƙasashen da Faransa ke mallaka zaɓi: ko "I", a zauna ƙarƙashin inuwarta, ko "A'a", a tafi nan take. Djibo ya ce a'a, kamar Sekou Toure na Gini. Faransa kuwa ba ta shirya sakin ƙasar da ke maƙwabtaka da Aljeriya, inda take tsakiyar yaƙi, ba. Ta turo sabon gwamna, Colombani, aka janye sarakuna daga bayan Djibo, aka matsa wa masu zaɓe. "A'a" ta tashi da kusan kashi 22 cikin ɗari. Djibo ya sauka daga mulki, aka haramta Sawaba a 1959, ya yi gudun hijira. Shi ya sa ranar samun 'yanci, 3 ga Agusta, 1960, Diori ne a kan kujera.

Shi ma Djibo bai kuɓuta daga laifi ba. Mayaƙan da Sawaba ta turo a 1964 an murƙushe su cikin 'yan makonni, kuma talakawan da suka mara masa baya su suka sha ukuba. Ya dawo gida bayan juyin mulkin Seyni Kountché na 1974, aka ɗaure shi a 1975. Ya rasu a Yamai ranar 16 ga Afrilu, 1998.