Ina son yin fim kan kiɗan gargajiyar Yawuri, ta ina zan fara?

Tambaya: Ni matashi ne a Yelwa. Burina in riƙa ɗaukar fina-finan tarihi kan kaɗe-kaɗe da al'adunmu, amma abin da na mallaka wayar hannu ce kawai. (Mai karatu, Yawuri)

Amsa: Ɗana, wayar ta isa ka fara. Abin da zan ce ka fara saye shi ne ƙaramar makirfo, domin mai kallo yakan haƙura da hoto mai dishi-dishi, amma ba ya jure sautin da iskar bakin ruwa ta cinye.

Kowa yana ɗaukar bikin Rigata, don haka ka nufi inda ba a zuwa. Madatsar Kainji, wadda aka kammala a 1968, ta tashi dubban mutane, ciki har da Gungawa mazauna tsibirai. Tsofaffin da suka ga wannan ƙaura suna ƙarewa. Ka nemi waƙoƙinsu, da na Kambarin Ngaski, da na Shangawa, da na Sarkawa masunta. Irin wannan aiki ne ya fito da Bafaranshe Jean Rouch, wanda ya ɗauki farautar dorina a kogin Kwara a ƙasar Nijar.

Ka fara gaida mai gari kafin ka ɗaga waya. Ka rubuta sunan makaɗi da garinsa da ranar ɗauka, ka sallame shi, ka kuma koma ka nuna masa aikin. In hali ya samu, akwai makarantar koyon fim ta ƙasa a Jos.

Sana'ar ba ta saurin kawo kuɗi, saboda haka ka haɗa da ɗaukar bukukuwan aure. Fara da tsoho guda a makon nan. Allah ya taimaka.