Tashar Jirgi Wadda Ba Ta da Akawu: Darasin Labarin Ƙasa

In an ce tashar jirgin ƙasa, abin da mu ke tunawa shi ne akawu a bakin taga yana sayar da tikiti, da shugaban tasha riƙe da tuta. Amma a ƙasar Japan akwai ƙananan tashoshi da yawa waɗanda ba a ajiye musu ma'aikaci ko ɗaya ba. Bari mu ɗauki guda, watau tashar Kishi, mu duba.

Kishi tana cikin lardin Wakayama, kudu da birnin Osaka. Ita ce ƙarshen wata gajeriyar hanyar jirgi mai suna Kishigawa, tsawonta kilomita 14.3, tashoshinta 14. Ba ta gwamnati ba ce, ta kamfani ce. Jirgin lantarki ke bin ta, ya kai ma'aikata da 'yan makaranta birnin Wakayama da safe, ya komo da su da yamma.

Da motoci suka yawaita, sai fasinja suka ragu. Kamfanin Nankai mai hanyar ya ga hasara ta yi yawa, ya ce zai rufe ta. Wa zai sha wuya? Yara da tsofaffi, waɗanda ba su tuƙi. Mutanen wurin kuwa ba su naɗe hannu ba, suka kafa ƙungiya suka yi ta fafutuka, har wani sabon kamfani ya karɓi hanyar a 2006. Domin rage kashe kuɗi, aka bar Kishi ba ma'aikaci.

To, yaya a ke biyan kuɗi? A yawancin irin waɗannan hanyoyi, mai shiga ya kan zari 'yar takarda mai lamba a bakin ƙofar jirgi, lambar ta nuna inda ya shiga. In zai sauka, sai ya dubi allo ya ga kuɗinsa, ya zuba cikin akwati kusa da direba. Dabara ce mai kyau, amma ba ta tafiya sai da amana.

Ga abin da yara za su so ji. A watan Janairu 2007 kamfanin ya naɗa wata kyanwa mai suna Tama shugabar tasha, aka sa mata hula, albashinta kuwa abinci. Baƙi suka yi ta zuwa kallonta, fasinja suka ƙaru. A 2010 aka sāke gina tashar da siffar fuskar kyanwa. Tama ta mutu a 2015.

Amma kada malami ya bar kyanwa ta cinye darasin. Kafin ta sa hula, mutanen wurin sun riga sun ceci hanyarsu. Abin da jama'a ba su tashi sun riƙe ba, shi ne kan lalace.

Tambayoyi ga yara:
1. Don me kamfanin farko ya so rufe hanyar?
2. Mene ne amfanin takarda mai lamba?
3. In malami ya fita ya bar aji, wa ya rage ya tsare shi?