Kafin Ka Gyara, Je Ka Gani

Darasinmu na wannan mako yana magana ne a kan tunanin ƙira, wato yadda ake ƙirƙiro abin da zai magance wata matsala ta hanyar fara fahimtar mutanen da matsalar ta dama. A Jami'ar Stanford ta Amurka ana koyar da shi a matakai 5: fahimtar mutane, fayyace matsalar, kawo dabaru, yin samfuri, sannan gwaji.

Ba sai mun je Amurka neman misali ba. A shekarun 1990, Malam Mohammed Bah Abba yana koyarwa a kwalejin kimiyya da fasaha da ke Dutse, Jihar Jigawa. Ya taso a gidan magina tukwane. Ya lura cewa a ƙauyukan da babu wutar lantarki kayan lambu na saurin ruɓewa, don haka dole a sayar da su nan take, ko da a kan asara. Ya kuma lura cewa 'yan mata ne ake ɗora wa wannan talla, suna rasa makaranta.

Bai ce a kai musu firij ba, domin ina wutar da za ta tashe shi? Sai ya sa ƙaramar tukunya cikin babba, ya cika tsakaninsu da jiƙaƙƙen yashi, ya rufe bakin da jiƙaƙƙen ƙyalle. Yayin da ruwan yashin ke bin iska yana bushewa, sai ya janye zafin da ke cikin ƙaramar tukunyar, kamar yadda randa ke sanyaya ruwa. Ya yi ta gwadawa yana gyarawa. Yalon da ke lalacewa a kwana 3 ya kai kwana 27. A shekarar 2000 aka ba shi lambar yabo ta Rolex. Ku lura, da ido da kunne ya fara, kafin ya taɓa yumɓu.

To, ta yaya za mu fahimci mutane? Ta hanyar bincike. Hanyoyin suna da yawa, kuma tambayar da kake son amsawa ita ce ke zaɓa maka hanya. Ga guda 4:

1. Lura da ido. Idan kana son sanin abin da mutane suke yi, ka zauna gefe ka kalla, ka rubuta. Gani ya kori ji.

2. Hira. Idan kana son sanin dalilin da ya sa suke yi, ka tattauna da mutane kaɗan, ɗaya bayan ɗaya. Kada ka sa musu amsa a baki. Maimakon “Ai ba ka jin daɗin abin, ko?” ka ce “Faɗa mini yadda abin yake.”

3. Takardar tambayoyi. Idan kana son sanin mutum nawa abin ya shafa, ka raba wa mutane da yawa gajerun tambayoyi iri ɗaya, sannan ka ƙirga amsoshin. Amma idan abokanka kawai ka ba, ra'ayin abokanka ka samu, ba na makaranta ba.

4. Gwaji. Idan kana son sanin ko dabararka tana aiki, ka yi samfuri mai araha, ka ajiye, ka kwatanta da yadda abin yake a da.

Mu ma a rukuninmu mun sha kunya kafin mu gane wannan. A zangon da ya wuce ledojin ruwa sun cika filin makaranta, har iska na kai su cikin kwata. Ba mu tambayi kowa ba, muka yi wa babban kwali ado, muka ajiye kusa da ofishin malamai. Bayan mako guda kusan babu komai a ciki. Sai muka bi ɗalibai muna tambaya, “Kana yar da leda a ƙasa?” Kowa ya ce a'a. To wa zai tona asirin kansa?

Malamarmu ta ce, “Ku daina tambaya, ku je ku kalla.” Muka zauna lokacin tara na kwana uku. Ashe a bakin ƙofa ake sayen ruwan, a sha shi a gindin darbejiya, kuma a nan ake yar da ledar. Da muka yi hira da 'yan aji ɗaya, suka ce tsoron zuwa wajen ofis suke yi, kada a aike su ko a tambaye su abin da ya fito da su. Baba mai shara kuwa ya ce mana, “'Ya'yana, kwali ba ya jure damina, ku nemi tsohon bokiti.” Lallai mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Muka mayar da bokiti gindin bishiyar. Ledar ba ta ƙare duka ba, amma yanzu kullum sai an juye shi.

Ga aikinku na wannan mako. Ku zaɓi matsala ɗaya a ajinku, kamar makara ko layin famfo. Ku rubuta tambaya ɗaya a kanta, ku faɗi hanyar binciken da ta dace da ita da dalilinku. Ku tuna da neman izini kafin ku yi wa mutum tambaya, kuma kada ku rubuta sunan kowa. Ku kawo amsoshinku ga ƙungiyar 'yan jarida kafin ranar Alhamis, za mu liƙa waɗanda suka fi kyau a wannan allo.

Allah Ya ba mu ilimi mai amfani, amin.