In Kotu Ta Wanke Wanda Ya Cuce Ka

'Ya'yana, ku matso in gaya muku abin da ban sani ba sai da furfura ta fito mini. Shekarun baya an kwance wa ƙanena shanun huɗa biyu daga turke, ana dab da faɗuwar damina. Bayan mako uku aka ga ɗaya a kasuwa, da tsagar kunnen da duk gidanmu muka sani. Aka kama mutumin da aka same shi a hannunsa, aka kai kotu. Zaman farko mun cika mota. Zama na biyu mu huɗu ne. Da aka shiga noman farko, masara na neman taki, wanda ya ga san da idonsa ya ce ba zai bar gonarsa don shari'ar wani ba. Ranar hukunci alƙali ya ce hujja ba ta kawar da shakka ba, ya wanke mutumin. Ƙanena ya miƙe jiki na rawa, ya ce ya ɗaukaka ƙara. Rajistara ya dube shi, ya ce, "Malam, ai ba ƙararka ba ce."

Da ɗaci, amma gaskiya ya faɗa. A shari'ar laifi da 'yan sanda suka shigar, gwamnati ce mai ƙara, kai da aka cuta shaida ne kawai. Ku duba takardar, sunan Kwamishinan 'Yan Sanda ko na jiha za ku gani a sama. Abin yana mana banbaraƙwai, mu da muka tashi muna jin malamai na cewa waliyyin jini shi ke da zaɓin ƙisasi ko diyya ko yafiya. To sashe na 243 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba wanda ake tuhuma damar zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, ɗaya ɓangaren kuwa ya bar shi ga masu gabatar da ƙara, ƙarƙashin ikon Antoni Janar.

Wanda aka yanke wa hukunci yana da tsani, kuma haka ya dace. A nan ƙasarmu Amina Lawal ta Kurami ta hau shi: kotun Shari'a ta Bakori ta yanke mata hukunci a Maris 2002, babbar kotun Shari'a ta Funtua ta tabbatar a Agusta, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a a Katsina ta soke shi ranar 25 ga Satumba 2003. Amma da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta wanke Manjo Hamza Al-Mustapha a Yuli 2013 kan kisan Kudirat Abiola, gwamnatin Legas ce ta nufi Kotun Ƙoli, ba 'ya'yan marigayiyar ba, duk da sunan gidansu. Indiya ta buɗe wa wanda aka cuta wannan ƙofa tun 2009. Ni dai ina ganin ya kamata mu ma a duba, sai dai kafin nan da dokar da ke hannu za ku yi aiki.

Ranar da aka saki mutum, ku fara tambayar abu ɗaya: kore ƙarar aka yi don masu gabatarwa ba su kawo shaidu ba, ko wanke shi aka yi? Na farko ana iya sake shigarwa. Na biyu kuwa sashe na 36(9) ya hana a sake gurfanar da shi kan laifin, sai da umarnin kotun sama. Ku nemi kwafin hukunci mai hatimi a makon nan, kada ku ce sai an gama girbi. Daga Babbar Kotu kwana 90 ne wa'adin ɗaukaka ƙarar laifi, daga ƙananan kotuna bai ma kai haka ba. Ku sa lauya ya rubuta wa Antoni Janar a Ma'aikatar Shari'a ta Katsina, ya nuna inda alƙali ya kuskure, ba inda zuciyarku ta ƙuna ba. Ƙarar neman diyya ma ƙofa ce daban, can sunanku ne a sama.

Na san abin da samari ke raɗawa a bakin tasha bayan irin wannan hukunci. Kada ku saurara. Daga Faskari zuwa Ƙanƙara mun ga inda ramuwar gayya ta kai garuruwa, gonaki sun koma saura. Kuma ranar da ka ɗaga adda, kai ne sunanka zai koma ƙasan takardar.

Mu dai namu tun ran da muka fasa biya wa shaida kuɗin mota da na ɗan ƙwadagon da zai tsare masa gona muka faɗi. Ƙanena a shekarar da shanun haya ya yi huɗa, a makare, wakensa bai yi kirki ba. Yanzu duk san da ya saya sai ya karɓi takardar sarkin tike, ya ɗauki hotonsa a waya ta dama da ta hagu, kunne a fili.