Amsar Tambaya: Lici Zai Yi a Cikin Birnin Kano?

Tambaya: Na sha lici a Guangzhou, na taho da ƙwallayensa. Zai yi a gidanmu a Yakasai?

Amsa: Alhaji, kada ka sa rai. Lici ɗan kudancin Sin ne, laima yake so. Iskar hunturunmu za ta ƙone sabon ganyensa, zafin Afrilu mai kai digiri 40 ya zubar da 'ya'yan. Ga rijiyoyin cikin gari, da yawa zartsi ne, shi kuwa ba ya jure gishiri. Ƙwallon ma in ya bushe kwana kaɗan ya mutu. Wanda ya tsiro kuma yakan shekara 10 bai haihu ba.

A maimakonsa, ka dasa rumman ko gwaiba, nesa da katangar ƙasa, kada danshin ban ruwa ya ci gindin katangar.